Wasiƙa Zuwa Ga Aminiyata: Labarin Irm Hermann

Aminiyata,

Bayan gaisuwa mai yawa, ya gida, ya su Umma da yara? Allah ya sa kowa lafiya. Saƙonki ya iso, na kuma ji ƙorafinki cewa a wasan kwaikwayonku kullum ke ce 'yar aiki ko kishiya. Shi ya sa nake so ki san wata 'yar wasan fim Bajamushiya, Irm Hermann.

A Munich aka haife ta, a 1942. Sakatariya ce a ofis, ba ta yi makarantar koyon wasa ba. A 1966 ta haɗu da wani saurayi mai burin yin fim, Rainer Werner Fassbinder, lokacin ko sisi ba shi da shi. Ta ajiye aikinta ta bi shi. Shi da abokan aikinsa irin mutanen nan ne masu haɗa fim da ɗan abin da ke aljihu, cikin 'yan kwanaki, babu babban kamfani a bayansu. Ta fito a finafinansa kusan 20, yawanci a matsayin mace mai ɗaure fuska, matar gida mai mita ko maƙwabciya mai sa ido. Da irin wannan rawar ta ci kyautar fim ta ƙasar Jamus a 1972, inda ta fito matar wani mai tallar 'ya'yan itace.

Wanda ya fi kama ni shi ne fim ɗin Petra von Kant, shi ma na 1972. Ita ce Marlene, mai yi wa Petra, wata attajira mai zanen tufafi, hidima. Awa biyu cur a ɗaki ɗaya, wallahi ba ta ce uffan ba. Tana buga tafireta, tana kawo abin sha, ana daka mata tsawa, ita kuwa sai kallo. Amma idonki ba zai bar kanta ba, ko tana can baya a tsaye ana ta zuba surutu a gaba. A ƙarshe, da uwar ɗakin ta fara yi mata magana mai daɗi, sai ta haɗa kayanta a akwati ta fice. Na daɗe ina juya wannan a raina.

Abin da ke ci mini rai shi ne ba a fim kaɗai ta sha wulaƙancin ba. Fassbinder ya gallaza mata a zahiri. Ta rabu da shi a tsakiyar shekarun 1970 ta koma Balin, kuma ba ta durƙushe ba. Ta yi aiki da darakta Werner Herzog, ta sake cin kyautar ƙasa da wani fim na darakta Percy Adlon na 1982, har ta ba Jamusawa dariya a fim ɗin ɗan barkwancin ƙasar, Loriot, a 1991. Ta rasu ran 26 ga Mayu 2020 tana da shekara 77.

Don Allah ki nemi na Petra ɗin ki kalla, akwai shi da fassarar Turanci a ƙasa. Ki rubuto mini dalilin da kike ganin ya sa Marlene ta tafi, domin ke kin fi ni sanin sana'ar. A gaida su Umma da maigidan.

Taki har kullum,
Aminiyarki