Aikin mai gabatar da gasar waƙa ya wuce karanta sunaye

Ya Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon ɗan fili a wannan jarida domin in yi tsokaci kan mutumin da ake yawan mantawa da shi idan ana hirar gasar zaƙulo masu basira a talabijin, wato mai gabatarwa. Alƙalai ake yabo ko a zaga, zakara ake ɗauka hoto, shi kuwa wanda ya riƙe ragamar shirin daga farko har ƙarshe sai a ɗauka cewa sanya kwat da kiran sunaye ne iyakar aikinsa.

Tarihin Ryan Seacrest na Amurka ya isa ya kawar da wannan zato. Yana ɗan shekara 16 ya fara koyon aiki a wani gidan rediyo a Atlanta, kuma a ganina rediyo ce makarantar wannan sana'a, domin a can ake koyon magana kai tsaye ba tare da kame-kame ba. Da tashar Fox ta fara shirin gasar waƙa na American Idol a 2002, su biyu ne ke gabatarwa, shi da Brian Dunkleman, wanda ya tafi bayan zangon farko. Alƙalan asali uku, Simon Cowell da Paula Abdul da Randy Jackson, duk sun bar kujerunsu, an rufe shirin a 2016, tashar ABC ta farfaɗo da shi a 2018, amma har a lokacin Seacrest ne riƙe da makirufo. A 2024 kuma shi ya gaji Pat Sajak wajen gabatar da shirin gasar cankar kalmomi na Wheel of Fortune.

Inda ake gane gwani shi ne daren da za a sallami ɗan takara. Ga matasa biyu tsaye sun riƙe hannun juna, ga katin sakamako a hannunsa, ga darakta yana ƙirga masa daƙiƙoƙi ta na'urar da ke kunnensa, ga kuma iyaye a cikin 'yan kallo sun yi jugum. Da zarar ya faɗi suna, kowa zai koma kan wanda ya tsallake, shi ne zai tsaya kusa da wanda ya faɗi, ya samo masa kalmar da za ta fitar da shi daga dandali da mutuncinsa. Ba na son yadda wasu masu gabatarwa ke jan rai har sai an je talla an dawo, ko da yake na san umarnin masu shirin ne.

Kuskure a nan ba ya ɓoyuwa. A gasar sarauniyar kyau ta Miss Universe ta 2015 a Las Vegas, mai gabatarwa Steve Harvey ya sanar da 'yar Kolombiya a matsayin wadda ta lashe gasar, har an ɗora mata kambi, sannan ya dawo ya nuna katin, ya amsa laifinsa, aka cire kambin aka ba 'yar Filifin.

Ina fatan shafinku na nishaɗi zai riƙa tattaunawa da masu wannan aiki, a tambaye su inda suka koye shi da yadda suke shirya wa irin wannan dare.

Naku,
Wani mai bibiyar jaridarku