Kun manta da mai riƙe da kyamara

Malam Edita, assalamu alaikum.

Na karanta sharhin da kuka buga a shafin nishaɗi kan fim ɗin Saving Private Ryan, na Yaƙin Duniya na Biyu. An yabi darakta Steven Spielberg, an yabi jarumi Tom Hanks, amma har na kai ƙarshe ban ga sunan wanda ya ɗauki hoton ba. Abin ya tsaya mini a rai, don ni ma da kyamara nake cin abinci, ko da yake tawa ba ta wuce biki da suna ba.

Sunansa Janusz Kamiński, ɗan ƙasar Foland, an haife shi a 1959. Ya koma Amurka a 1981, ya yi karatun fim a Chicago, ya daɗe yana fama da ƙananan finafinai masu araha. Spielberg ya ga aikinsa a wani fim ɗin talabijin mai suna Wildflower, ya neme shi. A 1993 suka tafi birnin Krakow na Foland suka ɗauki fim ɗin Schindler's List a baƙi da fari, sai 'yar yarinya ɗaya da aka bar jar rigarta da launinta. Nan Kamiński ya ci lambar yabo ta Oscar ta farko, fim ɗin da kuka yi sharhinsa ya ba shi ta biyu.

Mai sharhinku ya ce saukar sojoji a bakin teku a cikin Saving Private Ryan ta sa shi jin kamar yana wurin. To ai aikin Kamiński ne ya ji a jikinsa. Ya sa aka cire shafen da ke kan gilasan kyamara don haske ya riƙa fantsama kamar a hotunan yaƙi na da. Ya rage lokacin da haske ke shiga kowane hoto, shi ya sa in bam ya tashi kake ganin ƙwayar yashi ɗaya bayan ɗaya, motsin mutane yana fizga. Sannan aka rage launi wajen wanke fim ɗin, kakin soja ya koɗe, teku ya yi toka-toka. Kyamarar kuwa a kafaɗa take, jini da ruwa na fallatsa mata, ba a goge ba. Ni da amarya za ta ga ɗigon ruwa a bidiyonta, da sai na mayar da kuɗi!

Don Allah in za ku sake sharhin fim, na Amurka ne ko na Kannywood, ku ƙara layi ɗaya ku faɗi wanda ya riƙe kyamarar.

Naku,
Mai ɗaukar hoton biki, daga Zariya.