Amsa ga ƙanena a kan Lucille Ball

Assalamu alaikum ƙanena,

Ka tambaye ni a Facebook, a gaban jama'a, me ya sa nake yawan yabon Lucille Ball, 'yar wasan barkwancin nan ta Amurka, alhali a ganinka ba ta iya komai ba sai zare ido da murguɗa baki. Maganar ta tsaya mini a rai, shi ya sa na zauna na rubuto maka.

Matar nan ta shiga Hollywood a 1933. Shekara 18 tana fitowa a finafinai, yawancinsu ƙanana, ba ta shiga sahun gaba ba. Sai a watan Oktoba na 1951, tana da shekara 40, aka fara nuna shirinta na barkwanci I Love Lucy a tashar talabijin ta CBS. Da fari ma tashar ta ƙi yarda mijinta Desi Arnaz, ɗan Kyuba, ya fito a matsayin mijinta a shirin. Ta kafe. Suka bi gari-gari suna wasa a dandamali har manyan tashar suka sauko.

Don Allah ka koma ka kalli wurin nan a cikin shirin da take aikin naɗe cakulan. Inji yana turowa, hannu ya kasa, ta cusa a baki, ta cusa a hula, ta zuba a riga, kumatu sun cika taf, ido na kan ƙofa kada shugabar aiki ta shigo. Kowane motsi a kan ƙa'ida yake, an sha maimaita shi kafin a ɗauka. Wannan ne kake kira wawanci?

Abin da ya fi burge ni ma yana bayan kyamara. A lokacin yawancin shirye-shirye kai tsaye ake watsa su daga New York. Ita da mijinta suka nace a ɗauki nasu a faifan fim da kyamara 3, suka yarda a rage musu albashi, faifan ya zama mallakinsu. A 1957 kamfaninsu Desilu ya sayi ɗakunan ɗaukar fim na RKO, inda a da take ƙaramar 'yar wasa. Bayan aurensu ya mutu, ta sayi kason Desi a 1962, ta zama mace ta farko da ta shugabanci babban kamfani irin wannan. A ƙarƙashinta aka fara shirye-shiryen talabijin na Star Trek da Mission: Impossible, kafin ta sayar da kamfanin a 1967 kan dala miliyan 17.

Idan ka kalla, ka dawo mu ci gaba da maganar. Ka gaida mutanen gida.

Yayanka