Ɗan dambe da iyalinsa: duba ga gidan George Foreman

Ya Edita,

Assalamu alaikum. A ba mu ɗan fili mu yi magana da 'yan damben boksin na Jos da matansu. Da an ambaci marigayi George Foreman, tsohon zakaran boksin na duniya ɗan Amurka, sai a hau dariyar ya raɗa wa 'ya'yansa maza biyar suna George. Ba a tambayar da me ya riƙe 'ya'ya 12.

Ya ajiye dambe a 1977, ya koma wa'azi a Houston, ya buɗe cibiyar matasa. Aljihu ya bushe, dole ya dawo fage a 1987 yana da shekara 38. Abin da ya tsayar da gidan daga baya sunansa ne da aka liƙa wa na'urar gasa nama, wanda kamfanin Salton ya saya kan dala miliyan 137.5 a 1999. Mike Tyson kuwa, duk ɗimbin abin da ya tara, kotu ya je ya bayyana karayar arziki a 2003.

Dalili? Kuɗin da aka faɗa ba shi ke shiga gida ba. A ce an biya naira 300,000: manaja zai iya ɗaukar sulusi, 100,000 ke nan, koci 30,000. Saura 170,000, ba a taɓa mota da magani ba, ga 'yan rakiya sun yi layi. Ranar da aka biya a ware kuɗin makarantar yara na zango, a damƙa wa uwargida tun kafin gari ya ji.

Sai batun kai, wanda ya fi damunmu. Wanda aka sumar kada ya sake karɓar naushi, ko na atisaye, sai bayan ya huta tsawon lokacin da likita ya yanke, kuma da izininsa. Uwargida ta kula a daren: amai, ciwon kai mai ƙaruwa, barci mai nauyi, maimaita tambaya ɗaya. Ko guda ta gani, asibiti, ba kemis ba, domin jini kan taru a cikin kai sannu a hankali. Saurin fushi da mantuwar da kan biyo bayan shekaru, yara suke fara sauke wa, mu kuma mu ce sammu ne. Muhammad Ali an gano masa cutar Parkinson a 1984, matarsa Lonnie ta yi ta jinyarsa har ya rasu a 2016.

Masu gaggawar cire yaro daga aji don wai ya gaji hannun babansa: ɗan Foreman, George na uku, sai da ya kammala jami'ar Rice kafin dambensa na farko na kuɗi a 2009.

Wasu masu horar da 'yan dambe,
Jos.