Zuwa ga Gwamna Babagana Umara Zulum: Waiwayi Iyalan 'Yan Ƙato da Gora

Mai girma Gwamna, assalamu alaikum.

Ina rubuto maka ne a madadin 'yan uwana 'yan ƙato da gora, 'yan sa-kai da muka taya soja yaƙar Boko Haram a Borno, na raye da waɗanda suka riga mu gidan gaskiya.

Ka san halin da Maiduguri take ciki a 2013. An kafa dokar ta-ɓaci a watan Mayu, an katse layukan waya, mutum na ganin wanda ya kashe maƙwabcinsa yana yawo a unguwa amma tsoro ya hana shi buɗe baki. Matasan Hausari ne suka fara cewa tura ta kai bango, Gwange da sauran unguwanni suka bi sahu. Ni tela ne. Na rufe shago na ɗauki gora. Da benci da igiya muke tare hanya, muna duba fuskoki ɗaya bayan ɗaya, domin mun fi soja sanin 'ya'yan unguwa, mata kuma suna caje mata. A watan Agustan shekarar aka yi wa 'yan uwanmu kwanton ɓauna kusa da Monguno, sama da 20 ba su dawo ba.

Ba na cewa duk wanda ya riƙe gora hannunsa tsarkakke ne. Wanda ya ci zalin bayin Allah a hukunta shi. Amma galibinmu gidajenmu muka tashi karewa.

Yau ina da aboki da ko tayar Keke Napep ta fashe sai ya zube ƙasa yana karkarwa. Barci ya gagare shi, ya faɗa shan ƙwaya. Matar wani marigayinmu wankau take yi, babban ɗanta ya bar makaranta yana tura baro a Kasuwar Monday.

Tun bayan mutuwar Shekau, shugaban Boko Haram, a 2021 dubban mayaƙa suka miƙa wuya, ana koya musu sana'a. Ban ƙi sulhu ba, wallahi mun gaji da jana'iza. Sai dai marayun nan suna kallo.

Na san ana biyan alawus, ana kai tallafi lokaci-lokaci, Allah Ya saka da alheri. Roƙona shi ne a bi unguwa-unguwa tare da bulamai a rubuta sunan duk wanda ya rasu ko ya naƙasa, a kafa doka da za ta ɗauki nauyin karatun 'ya'yansu da maganin masu ciwon ƙwaƙwalwa, yadda gwamnan da zai gaje ka ba zai iya sokewa da baki ba.

Naka,
Tsohon ɗan ƙato da gora, Gwange