Amrish Puri ya fi ƙarfin a taƙaita shi a Mogambo

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Na karanta sharhin da kuka buga a kan shahararrun bosawan finafinan Indiya, na kuma ji daɗinsa, sai dai layi uku da kuka ba marigayi Amrish Puri duk a kan Mogambo, bos ɗin da ya fito a matsayinsa a fim ɗin Mr. India, suka ƙare, alhali mutumin ya kusa shekara 40 a duniya kafin a fara ganinsa a fim.

An haife shi a Nawanshahr ta jihar Punjab a 1932. Da ya je Bombay neman shiga fim, inda yayansa Madan Puri ya riga ya samu wurin zama, bai ci gwajin farko ba, sai ya kama aiki a hukumar inshorar ma'aikata ta gwamnati. Da rana yana ofis, da dare yana kan dandamalin wasan kwaikwayo a hannun darakta Satyadev Dubey, har ya samu lambar yabo ta Sangeet Natak Akademi, cibiyar kiɗa da wasan kwaikwayo ta Indiya, a 1979. A ganina nan ne asalin muryar nan tasa, domin wanda ya saba sai na kujerar ƙarshe ya ji shi ba ya sakin kalma a banza.

Abin da ya fi damuna shi ne yadda sharhin ya ɗauki Indiyanci kamar harshe ɗaya ne. A 1973 Puri ya fito a Kaadu, fim ɗin harshen Kannada na darakta Girish Karnad, sannan ya yi aiki da darakta Shyam Benegal a Nishant da Manthan. Shi Manthan na 1976 manoma 500,000 ne na Gujarat suka haɗa rupi 2 kowannensu aka shirya shi, kuma Puri ya fito a matsayin attajirin da ke sayen madarar talakawa a wulaƙance, babu fada babu dakaru irin na Mogambo, sai murmushi da lissafi. Ya yi Thalapathi da Tamil a 1991, da Aditya 369 da Telugu a shekarar, da Kaalapani da Malayalam a 1996. Da Turanci ya fito a Gandhi a 1982, sannan Steven Spielberg ya ba shi rawar bos Mola Ram a Indiana Jones na 1984, wadda saboda ita Puri ya yi aski ƙwal.

Ina yaro na kalli Mr. India a tsakar gidan maƙwabcinmu, muna zube a kan tabarma, talabijin a bisa turmi. Ba ma jin ko kalma ɗaya, amma da Mogambo ya buɗe baki sai ƙanena ya ɓuya a bayan randa. Yanzu da ake sa wa finafinan muryar Hausa, yara sun san fuskarsa ba su san abin da ya firgita mu ba. Ban raina aikin masu fassara ba, amma wannan asara ce.

Ina roƙon ku ware masa shafi guda, musamman da yake ranar 12 ga Janairu ce ranar rasuwarsa a 2005, ku kuma haɗa da rawar uban nan mai taurin kai da ya taka a Dilwale Dulhania Le Jayenge na 1995, wanda a ƙarshe ya saki hannun 'yarsa a tashar jirgin ƙasa.

Naku mai karatu,
daga Tudun Wada, Zariya