A bar wa mai kallo rabonsa a gajerun fina-finai

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Ka ba ni ɗan fili in yi magana da matasanmu masu shirya gajerun fina-finai suna ɗorawa a YouTube.

A ƙa'idar masu ba da kyautar Oscar, gajeren fim shi ne wanda bai wuce minti 40 ba. Namu da yawa ko rabin haka ba sa kaiwa, amma sai a cinye lokacin a surutu. Jaruma ta zauna bakin gado tana faɗa wa kanta wai tana zargin mijinta, kiɗan tausayi na tashi, can a ƙarshe dattijo ya fito ya yi nasiha. An tauna an ba mai kallo a baki, ta ina gabansa zai faɗi?

Wajen shekarar 1920 wani mai shirya fim a Rasha, Lev Kuleshov, ya ɗauki fuskar jarumi guda wadda ba ta nuna komai, ya haɗa ta da kwanon miya, sannan da gawa a akwati, sannan da mace a kishingiɗe. Masu kallo suka ga yunwa, suka ga baƙin ciki, suka ga sha'awa, alhali fuskar ba ta sauya ba. Su suka zuba ma'anar.

Abin da ke mini ciwo shi ne, mu da muka tashi cikin kawaici da kunya, wa zai koya mana nauyin shiru? A ce amarya ta kai wa uwargida tuwo. Uwargida ta buɗe kwano, ta daɗe tana dubawa, ta ce "an gode", ta rufe. Kyamara ta tsaya a hannun amarya yana murza bakin zane. Tsoron sammu ne? Azumi take yi? Ko kuwa da gaske an barbaɗa wani abu? Ba waƙa, ba bayani, amma mai kallo zai kwana da abin a ransa. Tatsuniyoyinmu ma akwai waɗanda ke ƙarewa da "to a cikinsu wa ya fi gwaninta?", a bar yara suna ta musu.

Ba ina nufin a yi fim marar kai da gindi ba. Dole darakta ya san amsar, ya ajiye alamunta a kallo, a takun tafiya, a ƙarar ƙyaure. Masu cewa sai an faɗi darasi ƙarara, ina roƙonsu su gwada fim ɗaya tak da aka cire dattijon nan na ƙarshe, su saurari gardamar da za ta ɓarke a majalisa.

Wassalam,
Mai karatunku daga Zariya